Kason Safiyatu a Gonar Tamba

Ba yayanta Kalilu ne ya aiko wa Safiyatu da labarin ba. Wata mai daddawa ce 'yar Gwadangaji ta faɗa mata a kasuwar Argungu, lokacin da take auna mata shinkafa, ta kuma faɗe shi kamar yadda ake cewa an yi ruwa jiya: 'yan safiyo masu awon ƙasa sun shiga gonar Tamba sun kakkafa turakun siminti, an ce gwamnati ta karɓe. Safiyatu ta ci gaba da awo, har ta zuba wa matar mudu guda fiye da ciniki ba ta sani ba. Ita kuwa matar ba ta tuna mata ba.

Tamba uban Safiyatu ne. Ya rasu tun tana amarya, ya bar 'ya'ya uku, Kalilu babba, sai ita, sai autarsu Kulsumi. Ya kuma bar gona ɗaya a tudun Gwadangaji, mai faɗin da in ka tsaya a wannan iyaka ka kira na waccan, sai ya ga ɗaga hannunka kafin ya ji muryarka. Ba a raba ta ba. A gidan mutunci, in ji mutane, ba a kai igiyar awo gonar uba, mata su bar wa ɗan'uwansu, shi kuma ya riƙe zumunci. Ranar sadakar arba'in Safiyatu ta sunkuyar da kai, Kulsumi ta sunkuyar, dattawa suka sa musu albarka, magana ta ƙare. Ba wanda ya tambaye su komai, don haka ba wanda zai iya cewa sun amsa. Kowace kaka Kalilu yakan ɗoro mata dami biyu na gero a akori-kura, jama'a su yi ta yabonsa a gaban idonta. Dami nawa kasonta zai bayar in da ita ke noma shi, wannan tambaya ce da aka ce mace mai kunya ba ta yi.

A lokacin da labarin ya zo, zamanta a Argungu ya riga ya fara yi mata kama da zaman tasha. Mijinta Hammadu, masunci, ya rasu, 'yarta ɗaya tana aure a Augie, ita kuwa tana nan a ɗakin da aka kawo ta tun farko, cikin gidan dangin miji, tana turara shinkafa tana casa tana kai wa kasuwa. Ba wanda ya ce ta tashi. Amma ɗan ƙanin mijin ya isa aure, kuma duk sanda uwarsa ta shigo gaisuwa, sai idonta ya bi azarar ɗakin, ya sauko ta bango, ya tsaya inda gado zai zauna. Safiyatu na gani. Takan fara tsinar shinkafa ta bari, ta ɗauki tsintsiya ta ajiye, ta fita ƙofar gida ta dubi hanyar gulbi alhali ba ta jiran kowa. A duk faɗin duniya babu taki ɗaya na ƙasa da za ta ce nata ne, sai fa wancan da ba a taɓa nuna mata iyakarsa ba, ga shi kuma an ce an ɗauke.

Washegari ta hau mota zuwa Birnin Kebbi, ta ƙarasa Gwadangaji da ke gefen garin.

Ta tarar da Kalilu a tsakar gida yana kai yana kawowa, hula a ƙeya. Kulsumi, wadda ke aure nan cikin unguwa, tana zaune a kan turmi tana ɓarar gyaɗa.

"Yaya, ina gajiya? Ashe abin da ya hwaru ke nan?"

"Hili!" in ji Kalilu, bai ko amsa gaisuwar ba. "Gonar da nika noma tun ban da gemu, wai hili ta. Sun zo da rani an kwashe kara, sun duba ba su ga gini ba, sunka rubuta hili. To gero gini shika yi?"

Ya riga ya ɗauki lauya, wani saurayi siriri mai suna Abdussamadu, wanda shi ya warware musu zancen. Dokar da soja suka kafa a kan ƙasa ta ce duk mai fili a cikin birni wanda ba a yi wani aiki tsayayye a kansa ba, rabin hekta kawai zai riƙe, rarar ta koma hannun gwamnati. Gwadangaji kuwa, da aka zo zana iyakar birni can a Sakkwato, alƙalami ya zagayo ta bayanta. Rabin hekta a gonar Tamba kashi ɗaya ne cikin huɗu. Sauran ukun an ce gidajen ma'aikata za a yi.

"Barka, Yaya," in ji Kulsumi. "Ka kwana baƙauye ka tashi ɗan birni. Saura ka sayi kwat."

"Ke, rufa muna baki."

Aka shigar da ƙara a babbar kotu, a kan cewa gona gona ce ba fili ba. Daga nan Safiyatu ta koyi wata kalma da ba ta taɓa sanin tana da nauyi haka ba, ɗagewa. Mai shari'a daga Sakkwato yake zuwa. Yau motarsa ta lalace a hanya, an ɗage. Wata na gaba lauyan gwamnati ya tafi kwas, an ɗage. Na gaba kuma kowa ya zo, amma wanda ya zana taswira an yi masa canjin wurin aiki. Ba wanda ya kira Safiyatu, sunanta ba ya cikin ƙarar, amma ba ta taɓa fashi ba. Takan bar shinkafa a jiƙe, ta sha ƙurar hanya, ta zauna a bencin baya tana sauraron Turancin da ba ta ji, tana karanta fuskoki. Fuskar Abdussamadu kullum ƙara tsukewa take yi. In ta koma Argungu kuma ba ta iya zama, sai ta ga kamar ana can ana yanke hukunci ba ta nan.

Wata rana da aka sake ɗagewa, suna tsaye da Kalilu da Kulsumi a inuwar dogon yaro a harabar kotu, lauyan ya dube ta.

"Inna, kullum ina ganinki tare da su. Ke wace ce a wurin Malam Kalilu?"

"Ƙanwa tai ta ni. Ni ɗiyar Tamba ta, ni da wagga mai surutu."

Abdussamadu ya juya a hankali. "Malam Kalilu, ka ce mini gonarka ce ta gado."

"Ta gado ta mana."

"Kana da 'yan'uwa ba ka faɗa mini ba?"

"Mata na," in ji Kalilu, cikin mamakin a ce wannan ma abin faɗi ne.

"An raba gadon?"

"Subhanallahi! Mu gidanmu ba a wagga ɗabi'a."

Lauyan ya nemi gindin itacen ya zauna, da baƙar rigarsa da komai, ya dafe kai. Da ya ɗago ya yi musu bayani dalla-dalla kamar mai koyar da yara alwala. Tun ranar da Tamba ya cika, a shari'a gonar ta zama ta mutum uku, ko an kai igiya ko ba a kai ba. Doka kuwa kowane mutum take bar wa rabin hektarsa. In alƙali ya raba, kuma kotu ta yarda cewa matan ba su taɓa kyautar da nasu ba, kason Safiyatu ya tsira, na Kulsumi ya tsira. Kalilu mai kashi biyu shi kaɗai ke da rara, ɗaya zai tafi ɗaya ya zauna. Maimakon gwamnati ta ɗauki uku, sai ta ɗauki ɗaya.

"Watau ni da anka ba biyu, ni za a maida daidai da mata?"

"Ko haka, ko a bar muku ɗaya ku duka."

"A ce ƙannena sun tsai da ni gaban alƙali? Mi za ni ce ma mutane?" Ya kaɗe riga ya tafi, bai jira su ba.

Abin da ya sauko da shi ba wa'azi ba ne. Katafila ce aka kawo gonar maƙwabcinsa, wanda bai kai ƙara ba, ta tumɓuke kukar da ke tsakiya kafin azahar. Da yamma Kalilu ya aika a kira matan biyu.

"Za mu yi yadda yaron ga yac ce. Amma ku ji da kyau, rabon ganin ido na. In an ƙare shari'a, kowace ta maido, gona ta koma yadda Baba ya bar ta."

"Awo mana, Yaya," in ji Kulsumi. "Ni mi za ni yi da gona? Ko kalmen noma ban iya riƙo ba."

Kalilu bai jira ta bakin Safiyatu ba, don shirunta ya taɓa isarsa.

Ranar da wakilan alƙali suka zo da igiya, rabin unguwa ya fito kallo, wasu na taɓe baki. Aka ja, aka kafa duwatsu, aka ce daga nan zuwa can na Safiyatu ne, gefen gabas, bakin hanyar da ke shiga gari. Aka ce ta zagaya ta gani da idonta. Ta cire takalmi don yashi na shiga, ta bi iyakar a ƙasa. Rabonta da taka wurin tun tana kawo wa ubanta fura. Ta yi zaton ɗan abu ne, sai ta ga tafiya ta ƙi ƙarewa. A kusurwa ta tsaya, ta dubi hanya, ta dubi ƙasar, ta tsinci kanta tana auna inda ɗaki zai zauna, irin kallon nan da ake yi wa azararta a Argungu. Ta yi maza ta kawar da ido kamar an kama ta da sata. Amma a mota, har suka wuce mararraba, abin bai bar ta ba.

Lauyan gwamnati ba yaro ba ne. Da ya ga takardar rabo ya ce dabara ce aka ƙulla bayan doka ta fito, a kawo matan su yi magana da bakinsu. Aka sa rana, kuma abin mamaki, ranar kowa ya zo.

Kulsumi aka fara kira. Da magatakarda ya miƙo Alƙur'ani a cikin gafaka, sai ta ja da baya, ta rufe baki da mayafi ta ce ba ta da tsarki. Aka ce ta ɗaga hannu kawai. Safiyatu ta san ƙarya ce, don tare suka yi sallar asuba, kuma ta san dalilin ƙaryar: Kulsumi ba ta son rantsuwa da Littafi a kan kason da za ta mayar. Kulsumi ta ba da shaida cikin sauƙi, har ta sa tafinta dariya.

Da aka kira Safiyatu, ƙofar da ƙanwarta ta bi tana nan a buɗe. Ba ta bi ba. Ita ma ba za ta iya cewa ga dalili ba. Ta ce tana da alwala, ta karɓi Littafin da hannu biyu, ta rantse.

"Kin taɓa ba wa yayanki kasonki kyauta?" in ji lauyan gwamnati, da Hausarsa ta mutanen gabas.

"Ban ba shi ba."

"Shekaru nawa yana nomawa ba ki yi magana ba?"

"Ba a tambaye ni ba."

"Geron da yake aiko miki fa? Ba godiyar kyauta ba ce?"

"Shi ya san sunan da ya ba shi. Ni dai na ci."

Aka ɗan yi gunaguni a benci. Lauyan ya matso, ya sassauta murya kamar mai lallashin mara lafiya.

"Baba, ki tuna abin da kika riƙe yanzu. Ni na san yadda ake yi. Ana gama shari'ar nan, a koma gida, a tara dattawa, ki ce kin mayar masa. Ko ba haka kuka shirya ba?"

Abdussamadu ya yunƙura zai tashi, mai shari'a ya ɗaga masa hannu. Safiyatu ta dubi Kalilu. Yana zaune ya harɗe hannu, yana gyaɗa mata kai kaɗan-kaɗan, alamar ta faɗi abin da ya kamata.

"Shi ya shirya haka," ta ce. "Ni ba ni maidawa."

Tafinta ya juya maganar. Mai shari'a ya daɗe yana rubutu. Kalilu ya ɗan yamutsa fuska da rabin farko na amsar, amma rabin ƙarshe ya wanke masa rai, har da suka fito ya ce wa Kulsumi ashe Safiya ta fi ta iya wasa. Safiyatu kuwa ba wasa ta yi ba. Ta ji maganar ta fito daga wani wuri da ba ta san yana da baki ba.

Hukunci bai zo ba sai bayan an yi shuka an yi noman farko. Kotu ba ta yarda cewa gonar ta fita daga dokar ba, amma ta yarda ta mutum uku ce tun asali. Gwamnati ta ɗauki kashi ɗaya daga na Kalilu, aka zo aka tuge sauran turakun.

Ranar Juma'a bayan an sauko, Kalilu ya yanka rago, aka yi tuwon shinkafa, ya kira liman da dattawa biyu su zama shaidu. Aka shimfiɗa wa matan tabarma a bakin zaure ta ciki. Liman ya yi addu'a, ya yabi gidan Tamba da haɗin kai, sannan ya ce Kulsumi ta yi magana.

"Na ba Yaya nawa, duniya da lahira. A ba ni kan rago dai."

Aka yi dariya, aka sa albarka. Liman ya ce, "Saura Safiyatu."

A wannan karon an tambaye ta, shiru ba zai wadatar ba.

"Malam, na riƙa Alƙur'ani nac ce ba ni maidawa."

"Wannan mai sauƙi na, ɗiyata," in ji liman, da murnar wanda aka kawo wa matsalar da ya sani. "Rantsuwa kan abin da mutum za shi yi gaba, in ya ga wanda ya hi alheri, sai shi yi kaffara. Ki ciyar da miskinai goma, kin hita."

"Ni za ni ba da hatsin," in ji Kalilu. "Yau ma in ana so."

Safiyatu ta ji an janye mata bangon da ta jingina da shi. Tun daga Argungu take riƙe da rantsuwar nan kamar sanda, ga shi malam ya karɓe ta cikin ladabi. Ta gyara zama, ta sake gyarawa. Kulsumi ta zungure ta da gwiwar hannu, ta raɗa mata, "Ke, hwaɗi mu ci nama."

"To ko da kaffara," in ji Safiyatu, "ba ni so."

"Mi kic ce?"

"Ba ni so in maida, Yaya. Ɗaki nika son ginawa."

Kalilu ya miƙe har ya ture buta. Bai yi zagi ba, kuma abin da ya faɗa ba ƙarya a ciki. Ya ce shi ne ya sa Fulani suka yi ta kwana da shanu a wurin kowace rani har ƙasar ta yi baƙi. Shi ya sayar da bijiminsa ya biya lauya. Shi ke da baki goma sha a gida, kuma shi kaɗai gwamnati ta yanka. Ita da ke da ɗaki a Argungu, me ta rasa?

"Ɗakin ba nawa ba na."

"To ki zo nan! Gidan ga ba gidanku ba na? Wa ya hana ki?"

"Ba wanda ya hana ni. Can ma ba wanda ya kore ni. Na gaji da zama inda ba a kore ni ba. Wurin ɗaki da ɗan tsakar gida za ni ɗiba. Sauran ka noma, aro, gaban malam, har ran da nib biɗa."

"Aro? Ni za a ba aron gonar ubana?"

"Ubanmu, Yaya."

Liman ya fara jawo wata aya a kan zumunci, ya ga ba mai sauraro, ya bari. Ɗaya daga cikin dattawan ya ce abin da ya sa tun farko ba a kai igiya ke nan, in mace ta ga iyaka ba ta mantawa. Ya faɗe shi a matsayin zargi, bai lura ya ba ta gaskiya ba. Kalilu ya sa takalmi ya fice ta ƙofar waje, ya bar baƙinsa da tuwo. Kulsumi ta bi Safiyatu har bakin hanya tana faɗa, wai ta kunyata su, wai me za a ce a unguwa, sannan da mota ta tsaya ta cusa mata ƙunshin nama a cikin mayafi ta juya ba sallama.

Kalilu bai karɓi aron ba. Da ya cire geron shekarar, bai sake taka gefen gabas ba, in sun haɗu a wurin suna ko jana'iza ya amsa gaisuwarta da kalma ɗaya yana duban wani wuri. A Gwadangaji aka yi ta zancenta har aka gaji. Wasu mata biyu, da ba sa gaishe ta a fili, suka biyo ta a ɓoye suna tambayar ta wace ƙofa ake shiga wurin alƙali.

Bayan ruwa ya ɗauke ta sayar da babbar tukunyar turara shinkafa da akuyoyinta, ta ɗauki magini, wani dattijo mai suna Hodi. Aka kwaɓa ƙasa aka yi tubali, aka shanya su layi-layi a bakin hanya. Ta kasa zama a inuwa. Tana zagaya tubalin tana taɓawa ko sun bushe, tana ɗaga kai duk sanda wani ya ɓullo daga yamma, ta wajen gidan yayanta, sannan ta koma kan tubalin.

Hodi ya ja layin tushe da ƙafarsa a cikin yashi, ya tsaya.

"Inna, ina za a sa ƙohwa? Wajen hanya, ko wajen gidan Malam Kalilu?"

Safiyatu ta dubi gabas, ta dubi yamma.

"Bar ta tukuna," ta ce. "Hwara da bangon baya."